Waiwaye: wa ke kallon wa a fim?

Duk wanda ya leƙa darasin nazarin fim a jami'a sai ya ci karo da Laura Mulvey, 'yar Ingila da ta rubuta maƙala a mujallar Screen a 1975, ta ce kyamarar Hollywood idon namiji ce, mace kuwa an ajiye ta ne a yi ta kallo. Magana ta karɓu sosai, sai dai ba ta ce wace macen ba, fara ko baƙa, 'yar masu mulki ko 'yar waɗanda aka mallake.

Alhali abin ya daɗe a fili. A fim ɗin The Sheik na 1921 Rudolph Valentino ya fito a Balarabe, ya sace Baturiya a sahara, can ƙarshe sai ga shi wai ashe shi ma ɗan Turawa ne, don dai kar a ce Baturiya ta faɗa hannun Balarabe.

Ni a ganina waɗanda aka yi wa mulkin mallakar sun riga malaman jami'a gano bakin zaren. Tun 1959 Frantz Fanon, likita kuma marubuci ɗan tsibirin Martinique, ya rubuta yadda Faransawa suka ɗauki yaye lulluɓin matan Aljeriya tamkar cin ƙasar ne kanta, kuma a 1966 fim ɗin The Battle of Algiers ya nuna mata uku gaban madubi, sun cire lulluɓi, an rage gashi an rina, sun yi shigar Turawa suka wuce shingen sojoji da bam a jaka, soja har da 'yar fara'a. A shekarar ce ma Ousmane Sembène, mai shirya fim ɗan Senegal, ya fitar da La Noire de..., labarin 'yar aiki daga Senegal da aka kai Faransa ta zama abin nuna wa baƙi.

Sai da masani Edward Said ya fitar da littafinsa Orientalism, kan yadda Turawa ke siffanta mutanen Gabas, a 1978 kafin jami'o'i suka farga, masaniya Ella Shohat ta haɗa batun jinsi da na mulkin mallaka a nazarin fim a 1991, bell hooks kuma, marubuciya baƙar fata 'yar Amurka, a 1992 ta ce baƙar mace mai kallo ma tana da nata idon.

Batun sha'awa shi ya fi zafi. Da aka haska fim ɗin Fire na Deepa Mehta a Indiya a 1998, mai nuna soyayya tsakanin mata biyu, 'yan Shiv Sena, jam'iyyar masu kishin Hindu, sun farma gidajen sinima suna cewa baƙuwar al'ada ce, masu nazari kuma suka tuna musu cewa dokar da ta haramta saduwar jinsi ɗaya a lokacin, sashe na 377 na dokar laifukan Indiya, Turawan Ingila ne suka kafa ta.