Waiwaye: yadda allolin Girkawa suka tsinci kansu a gidan tarihin Landan

A ƙarshen watan Nuwamban 2023 firaministan Girka Kyriakos Mitsotakis ya je Landan, an gama shirya zai gana da Rishi Sunak da ke mulkin Birtaniya a lokacin, kwatsam sai aka ji an soke ganawar. Me ya yi zafi? Wai don Mitsotakis ya yi hira da BBC ya ce ajiye sassaƙen Fatenon, wani tsohon ɗakin bauta na birnin Atens, a Landan daidai yake da a raba zanen nan na Mona Lisa gida biyu. Duwatsu ne fa suka haɗa shugabanni biyu faɗa, to amma duwatsun da labarinsu, kuma sai an koma baya sosai kafin a gane me yasa Girkawa suka ƙi haƙura.

A tsakiyar birnin Atens akwai wani tsauni da ake kira Akrofolis, a kansa mutanen birnin suke bautar allolinsu tun fil azal. A shekara ta 480 kafin haihuwar Annabi Isa (AS) Farisawa suka shigo suka ƙone komai da ke kai. Da Atens ta farfaɗo ta yi ƙarfi, shugabansu Ferikilis ya sa aka fara gina wani katafaren ɗaki na farin dutsen mabul a shekara ta 447, aka kammala da sassaƙe-sassaƙen a 432, shi ne Fatenon, an gina shi ne don allahiya Atina wadda suka ɗauka a matsayin uwar garin mai kare shi. Gwanin sassaƙa Fidiyas shi ya jagoranci aikin ado, shi ya ƙera gunkinta na zinare da hauren giwa mai tsayin kusan mita 12 da aka tsayar a ciki.

Abin da mutane da yawa basu sani ba shi ne su Girkawa basa taruwa cikin ɗakin su yi ibada kamar yadda ake yi a masallaci ko coci. Ɗakin na gunki ne da dukiya, baitulmali ma yake a wani ɓangaren. Ibadar a fili ake yinta, a yanka shanu, a ƙona ƙasusuwa da kitse hayaƙin ya tashi wai shi ne rabon alloli, naman kuma a raba wa jama'a. Shi yasa adon ginin yake ta waje, don mai tsaye a fili ya ɗaga kai ya karanta labarin addininsa a jikin dutse.

Kuma labari ne sosai. A goshin ginin ta gabas an sassaƙa haihuwar Atina, a tatsuniyarsu babban allansu Ziyus ya haɗiye matarsa Metis tana da ciki saboda an yi masa duba cewa abin da za ta haifa zai iya fin ƙarfinsa, sai ciwon kai ya addabe shi har sai da maƙerin alloli Hefestus ya sa gatari ya tsaga masa kai, Atina ta fito da girmanta da kayan yaƙinta. Ta yamma kuma gasar da aka yi tsakaninta da Posaidon mai teku kan wa zai mallaki garin, shi ya soki dutse da mashinsa mai baki uku ruwan gishiri ya ɓulɓulo, ita kuma ta fito da bishiyar zaitun, aka ce tata kyautar ta fi amfani, garin ya zama nata. Sai kuma wani dogon zubi na sassaƙa da ya zagaye ginin, tsawonsa mita 160, wanda akasarin masana suka ce jerin gwanon bikin Panatenaya ne, mahaya dawakai kamar ana hawan sallah, makaɗa, masu jan shanun yanka, 'yan mata da tasoshi, duk sun nufi wuri ɗaya inda alloli ke zaune, za a miƙa sabuwar rigar da matan garin suka saƙa wa Atina. Abu ɗaya ne a jere, daga farkonsa har ƙarshensa, a riƙe wannan don nan gizo yake saƙar.

Bautar ta mutu bayan Rumawa da ke mulkin Girka a lokacin sun karɓi Kiristanci, sarki Tiyodosiyus ya hana yanka wa gumaka a wajejen 391, daga baya aka mayar da ginin coci da sunan Nana Maryamu, a lokacin ne ma aka farfasa fuskokin wasu sassaƙen. A 1458 Daular Usmaniyya, ta Turkiyya fa ba tamu ta Sakkwato ba, ta karɓe tsaunin, ginin ya koma masallaci har da hasumiya. Abin mamaki duk da wannan sauye-sauyen ginin na nan tsaye da rufinsa sama da shekara dubu biyu. Ranar 26 ga Satumban 1687 ne ya gamu da ajalinsa, sojojin Benis, wadda ke Italiya ta yau, ƙarƙashin kwamandansu Morosini sun yi wa tsaunin ƙawanya, Turkawa kuma sun ajiye albarushi a cikin ginin, aka harbo igwa ta faɗa kai, tsakiyar ginin ta tarwatse mutane wajen 300 suka mutu. Morosini ya so ya sauke dawakan dutsen da ke goshin yamma ya tafi da su, igiya ta kuɓuce suka faɗo suka ragargaje.

To sai zuwan Lod Elgin, sunansa Thomas Bruce, wanda Birtaniya ta tura jakada fadar Sultan na Daular Usmaniyya a 1799. Da farko cewa ya yi zane kawai yake so a yi masa da kwafi, amma daga 1801 mutanensa suka fara ɓamɓaro duwatsun daga jikin gini, wanda ya yi nauyi a sa zarto a yanke bayansa don ya ɗauku. Sun kwashi kusan rabin abin da ya rage, mita 75 na jerin gwanon nan, da allunan dutse 15 da gumaka 17 daga goshin ginin, suka haɗa da ɗaya daga cikin 'yan matan dutse shida da ke ɗauke da rufin wani ɗakin bauta na kusa. Mutanen gari har labari suke bayarwa wai da dare ana jin sauran biyar ɗin suna kukan 'yar uwarsu. Jirgin ruwa ɗaya mai suna Mentor ma nutsewa ya yi da kayan a 1802 kusa da tsibirin Kitira, sai da masu ninƙaya suka shafe kusan shekara biyu suna tsamowa. Bashi ya yi wa Elgin katutu, a 1816 ya sayar wa gwamnati kan fam 35,000, aka kai su gidan tarihin Birtaniya.

Hujjar Birtaniya ita ce Elgin ya samu takardar izini daga hukumar da ke mulkin Atens a lokacin. To ina takardar? Har yau ba a ga ta asali ba, fassara ce kawai da Italiyanci, ita ma ana jayayya ko ta bada izinin ɓalle abu daga jikin gini ko kuwa tsintar wanda ya faɗi ƙasa. A 2024 wakiliyar Turkiyya a wani taron UNESCO ta faɗa a fili cewa su basu san da wata takarda irin wannan ba. Ni dai ko da an ganta ban ga yadda za ta wanke su ba, su Girkawa ba a tambaye su ba, a ƙarƙashin mulkin wasu suke, sai a 1821 suka fara yaƙin neman 'yanci.

Ɗaya hujjar kuma wai sun fi iya kula da su. Akwai ƙamshin gaskiya a nan, hayaƙin motoci da masana'antun Atens ya cinye fuskar waɗanda aka bari a waje, wannan ba a musu. Amma a 1937 zuwa 1938 ma'aikatan gidan tarihin na Landan sun sa ƙarafan jan gaci sun kankare wasu don su yi fari tas, alhali asalinsu ma masu launi ne, fenti ake musu. Sannan a 2023 aka bankaɗo cewa kaya wajen 2,000 sun ɓace ko an sace daga rumbun gidan. Su kuwa Girkawa tun bayan da ministar al'adunsu Melina Merkuri ta tada maganar a 1982, aka shigar da buƙata a hukumance a 1983, ake ce musu baku da wurin ajiya, sai suka gina sabon gidan tarihi a gindin tsaunin suka buɗe a 2009, hawan sama duk gilashi ne kana hango Fatenon, an jera sassaƙen yadda suke a da, inda babu na asali an sa farin kwafi. Wallahi ko a hoto ka gani sai abin ya taɓa ka, gangar jikin Posaidon ɗaya tak amma wani yanki yana Atens wani yana Landan.

Ba maganar bautar gumaka ake ba, wannan addinin ya daɗe da shuɗewa, maganar kayan gado ce, kuma mu ma mun san ciwon. Dokar 1963 da gidan tarihin ke fakewa da ita, wadda ta hana shi rabuwa da kayan da ke hannunsa, ita ce dai ta riƙe tagullan Benin da sojojin Birtaniya suka wawashe a 1897. Ita da wata doka irinta ne suka sa a 2024 da aka kai kayan zinaren Asante guda 32 Kumasi aka ce aro ne na shekara uku. Girka ma aron ake mata tayi, ta ce ba za ta ari kayanta ba, don wanda ya karɓi aro ya yarda kenan ba nasa ba ne.

Wasu dai sun fara mayarwa, wani gidan tarihi a Falamo ta Italiya ya mayar da guntun ƙafar wata allahiya a 2022, Fafaroma Francis ya bada guntaye uku da ke Batikan a 2023, an kuma liƙa su a gurbinsu. Birtaniya na da ikon gyara dokarta a majalisa in ta ga dama, shugaban amintattun gidan tarihin George Osborne ya daɗe yana tattaunawa da Girkawa kan wata yarjejeniya, amma gwamnatin da ta gaji Sunak ita ma ta ce bata da niyyar taɓa dokar.