Ahmet Hamdi Tanpinar

Ahmet Hamdi Tanpinar (1901-1962) marubucin ƙagaggun labarai ne ɗan ƙasar Turkiyya, mawaƙi kuma malamin jami'a, wanda yau in ana lissafa manyan marubutan ƙasar da wuya a tsallake sunansa, duk da cewa lokacin da yake raye ba wani damuwa aka yi da shi ba.

An haife shi a Istanbul ranar 23 ga Yuni 1901, ƙarshe-ƙarshen daular Usmaniyya ta Turkawa. Babansa alƙali ne, aikin gwamnati kuwa an sani, yau kana nan gobe an cilla ka can, haka yaron ya taso tsakanin Sinop da Siirt da Kirkuk da Antalya, mahaifiyarsa ma a Mosul ta rasu yana ɗan saurayi. Ya gama karatun adabi a Istanbul a 1923, shekarar da aka kafa jamhuriyar Turkiyya, kuma a can ya haɗu da malaminsa mawaƙi Yahya Kemal, wanda ya zame masa uban gida har ƙarshen rayuwa. Ya koyar a makarantun Erzurum da Konya da Ankara, a 1939 aka ba shi farfesan sabon adabin Turkanci a Jami'ar Istanbul. Ya ɗan taɓa siyasa, ya wakilci Marash a majalisa zuwa 1946, bai daɗe ba dai.

Abin da ya cinye masa alƙalami shi ne halin da ƙasar ta shiga bayan Ataturk, shugaban jamhuriyar na farko, ya juya ta zuwa Turai. A 1928 aka daina rubuta Turkanci da haruffan Larabci aka koma na boko, sannan aka shiga tsince kalmomin Larabci da Farisanci ana watsarwa, sai ga jikoki ba sa iya karanta wasiƙar kakansu. Shi Tanpinar bai ce a koma baya ba, mutum ne da ya sha adabin Faransa ya ƙoshi, amma kuma ya ƙi yarda a ce duk abin da aka gada tarkace ne. Wannan tsaka-mai-wuyar ita ce cikin Beş Şehir (1946), maƙalunsa kan birane biyar, Ankara, Erzurum, Konya, Bursa da Istanbul, da kuma Huzur (1949), labarin soyayyar Mumtaz da Nuran a daidai jajibirin yaƙin duniya na biyu, littafin da tsohon kiɗan Usmaniyya da ruwan Bosforus, mashigin tekun da ya ratsa Istanbul, suka cika shi.

Wanda ya fi daɗin karatu dai, a ganina, shi ne Saatleri Ayarlama Enstitüsü, wato hukumar saita agogo, da ya fito a littafi a 1961. Wani talaka Hayri Irdal ne ke ba da labarin yadda wani ɗan buga-buga, Halit Ayarci, ya kafa hukuma guda sukutum da ofisoshi da ma'aikata, aikinta kawai ta tabbatar agogon kowa ya yi daidai, har tara ake cin wanda nasa ya kauce, kuma da suka ga hukumar na buƙatar asali sai suka ƙirƙiro wani tsohon malamin agogo da bai taɓa rayuwa ba suka rubuta tarihinsa. Shaguɓe ne ga masu ɗaukar zamani a matsayin kwalliya.

Bai yi aure ba, ga bashi, kuma a littafin sirrinsa ya yi ta ƙorafin an haɗa baki an yi shiru da aikinsa. Ciwon zuciya ya kashe shi ranar 24 ga Janairu 1962, aka binne shi a maƙabartar Ashiyan kusa da Yahya Kemal. Sai daga shekarun 1970 aka fara komawa kansa, masu ra'ayin riƙau na cewa nasu ne, 'yan zamani ma na cewa nasu ne. Orhan Pamuk, marubucin Turkiyya da ya ci kyautar Nobel ta adabi a 2006, ya sha ambatonsa cikin waɗanda ya koya daga wurinsu, kuma a 2011 aka buɗe ɗakin karatu da adana kayan adabi mai sunansa a bakin lambun Gulhane da ke Istanbul.