An sa wa ɗan'uwanka roba a ƙirji: tambayoyi da amsoshi kan huhun da ya sace

A asibitocinmu na Sakkwato, mai jinya ne ke kwana a gefen gado. Likita ya zo zagaye ya wuce, nas tana fama da gadaje da yawa, amma uwa ko mata ko ƙanen mara lafiya suna nan dare da rana. Idan an sa wa mutum roba a ƙirji, wato tiyon da ke fitar da iska ko ruwa daga ƙirji zuwa cikin kwalba, abin da mai jinya ya sani game da robar da kwalbar da ke ƙarƙashin gado yana iya zama sanadin tsira.

Me ake nufi idan likita ya ce huhu ya sace?

Kowane huhu yana lulluɓe da tantani ninki biyu, ɗaya a jikin huhun, ɗaya a jikin bangon ƙirji ta ciki. Babu iska a tsakaninsu, ɗan danshi ne kawai, shi ya sa duk lokacin da ƙirji ya buɗe huhu ke binsa ya cika. Da zarar iska ta samu hanyar shiga wannan tsakani, sai ta raba su, ta danne huhun, ya tsuke. Mutum ya ji suka a gefe ɗaya na ƙirji, numfashi ya riƙa yi masa wuya.

A nan an fi ganin haka bayan haɗarin kabu-kabu ko na mota, inda ƙashin haƙarƙari ya karye ya huda huhu, sai sukar wuƙa da harbin bindiga. Tarin fuka ma yana cin huhu har ya ɓula shi. Akwai kuma samari dogaye sirara, musamman masu shan taba, da abin ke samu haka kawai suna zaune lafiya. Ba iska kaɗai ke taruwa a wurin ba: wani jini ne, wani ruwa, yara kuma sau da yawa mugunya ce bayan limoniyar da ba a yi wa magani da wuri ba.

Dole ne sai an sa roba?

A'a. Idan iskar kaɗan ce kuma mutum yana numfashi daidai, likita kan sa ido ya sake hoton ƙirji, ko ya zuƙe ta da allura. Roba tana zama dole idan iskar ta yi yawa, ko tana ci gaba da taruwa, ko akwai jini ko mugunya.

A ina ake sa ta? Tiyata ce?

Ƙaramin aiki ne, kuma yawanci mutum yana farke ake yi. Ana yin allurar kashe zafi a gefen ƙirji, ƙasa da hammata, wajen tsakanin haƙarƙari na 4 da na 5, a ɗan tsaga fata, a zura robar, a ɗinke ta da fatar don kada ta zame. Bayan nan a ɗauki hoto a ga inda ta zauna. Ba cikin huhu take shiga ba, a gefensa take kwanciya. Manyan asibitoci irin Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo suna yin wannan aiki, don haka wanda ya bugu a ƙirji kuma numfashinsa ke sarƙewa, asibiti za a nufa da shi kai tsaye, ba gidan mai ɗori ba.

Mene ne amfanin ruwan da ke cikin kwalbar?

Nan ne mai jinya ya kamata ya fi natsuwa. Da yawa suna ɗaukar kwalbar kamar ledar fitsari, wato wurin tara ƙazanta da za a iya ɗagawa, a ajiye a kan gado, a zubar idan ta cika. Ba haka take ba.

Bakin tiyon da ya fito daga ƙirji yana nutse cikin ruwa mai tsabta kimanin santimita 2. Ka ɗauki tsinken shan lemo ka tsoma a kofin ruwa ka hura: iska za ta fita ta yi kumfa, amma iskar waje ba ta da hanyar komawa cikin tsinken, domin ruwa ya tare bakin. Aikin kwalbar ke nan. Iska ta fita daga ƙirji, ba ta dawowa, a hankali huhu ya samu fili ya sake buɗewa.

Daga nan dokokinta suka fito. Kwalba ta zauna a ƙasa da ƙirjin mara lafiya a kowane lokaci, domin idan aka ɗaga ta sama, abin da ke ciki zai gangara ya koma ƙirji. Ta tsaya a miƙe, domin idan ta kife bakin tiyo zai fita daga ruwa, iska ta shiga. Kada mai jinya ya zubar da ruwan, kada ya ƙara, kada ya buɗe murfin. Nas tana auna abin da ya fito tana rubutawa, da shi likita ke yanke shawara. A duba kuma kada mara lafiya ya kwanta a kan tiyon, ko tiyon ya lanƙwashe a ƙarfen gado. Ranar da 'yan dubiya suka cika ɗaki, wani ya tsaya a ɓangaren kwalbar, don ƙafar mutum ɗaya ko bakin babbar riga ya isa ya ture ta.

Ruwan cikin tiyo yana hawa yana sauka, wani lokaci yana kumfa. Lafiya kuwa?

Hawa da saukar nan tare da numfashi alama ce mai kyau, tana nuna robar a buɗe take. Kumfa lokacin tari ko fitar da numfashi kuma tana nufin har yanzu iska na fita, kuma ana sa ran ta ragu kwana bayan kwana. Idan motsin ruwan ya tsaya, ko dai huhu ya gama buɗewa, ko kuma robar ta toshe ko ta lanƙwashe. Mai jinya ba zai iya bambancewa da ido ba, sai ya faɗa wa nas. Haka ma idan kumfar ta koma tafasa ba tsayawa, wataƙila wata mahaɗa ce ta saki.

Za mu kai shi banɗaki ko ɗakin hoto. Mu matse tiyon?

Kada ku matse, kada ku ɗaure shi da kyauro ko zare. Idan huhu yana fitar da iska aka toshe mata hanya, za ta taru ta danne huhun, ta ture zuciya gefe, kuma wannan yana kisa cikin ɗan lokaci. A riƙe kwalbar a miƙe, ƙasa da ƙugu, a tafi da ita a hankali. Matse tiyo aikin likita ne, shi ma sai da dalili.

Idan robar ta fizge fa?

Ka rufe ramin nan take da bandeji mai tsabta, ka aika a kira nas da gudu. Kada ka yi ƙoƙarin mayar da robar. Idan kuwa tiyo ne ya rabu da kwalba ko kwalbar ta fashe, a tsoma bakinsa cikin ruwa mai tsabta a ƙasa da ƙirji kafin ma'aikata su iso.

Waɗanne alamomi ne ba a jira gari ya waye?

Numfashi yana ƙara tsananta, leɓe ya canza launi, gumi mai sanyi, ko mutum ya fara ruɗewa. Fatar ƙirji, wuya ko fuska ta kumbura, idan ka danna ka ji tana ƙaras-ƙaras, wato iska ta shiga ƙarƙashin fata. Jini ja wur yana zuba cikin kwalba da sauri. Likitoci suna ɗaukar mililita 200 a kowace awa, awanni a jere, a matsayin dalilin shiga tiyata. Zazzaɓi, da mugunya ko wari a bakin ramin. Kunya ba ta da wuri a nan. Ka ce, “Sista, don Allah zo ki duba Baba, numfashinsa ya canza,” ko da ƙarfe biyun dare ne.

Yana jin zafi idan ya yi tari. Mu bar shi ya kwanta shiru?

Kwanciya shiru tana tara majina ta jawo limoniya. A nemi maganin zafi a kan lokaci, sannan a zaunar da shi, ya ja dogon numfashi, ya yi tari yana rungume da matashin kai a gefen ciwon, ya ɗan taka idan likita ya yarda, ya riƙa motsa kafaɗar wannan ɓangaren don kada ta sandare.

Salla da wanka fa?

Addini ya yi sauƙi: wanda bai iya tsayuwa ba ya yi a zaune, wanda bai iya zama ba ya yi a kishingiɗe. Zama a bakin gado da yin nuni ya fi aminci, domin ruku'u da sujada suna jan tiyo. Wanka kuma goge jiki ne da tsumma, ba tare da jiƙa bandeji ba. Kada a shafa man zafi, zuma ko garin magani a bakin ramin. A watannin zafi gumi kan ɓamɓare filasta, idan ta saki a sanar a canza.

Yaushe za a cire?

Idan kumfa ta tsaya, yawanci na kimanin awa 24, abin da ke fita ya ragu, hoto kuma ya nuna huhu ya buɗe. Wasu kwanaki kaɗan ne, masu mugunya ko tarin fuka kan daɗe. Lokacin cirewa za a ce ya riƙe numfashi, a zare robar da sauri, a rufe ramin. Yana da kyau ya gwada riƙe numfashin tun kafin a fara. Zaren ɗinki kan fita bayan mako guda ko kwana 10.

Bayan an sallame mu, me za mu kiyaye?

Taba da shisha a bar su gaba ɗaya, don suna ƙara haɗarin dawowar ciwon. A jinkirta ɗaukar kaya masu nauyi har sai likita ya ba da dama. Mai niyyar Hajji ko Umra, ko wata tafiya ta jirgin sama, ya faɗa wa likitansa tun da wuri: iskar da ta rage a ƙirji tana kumbura idan jirgi ya yi sama, don haka ba a hawa sai hoto ya tabbatar huhu ya buɗe sarai, an kuma ƙara aƙalla mako ɗaya, ko biyu idan rauni ne ya jawo. Idan tarin fuka ne tushen abin, cire roba ba warkewa ba ce. Maganin kyauta ne a cibiyoyin gwamnati, kuma sai an sha shi aƙalla wata 6 ba tsallake, mutanen gida masu tari su ma a kai su gwaji. Duk ranar da sukar ƙirji da sarƙewar numfashi suka dawo, a koma asibiti a ranar, a tafi da takardar sallama da tsofaffin hotuna.