Waiwaye: Ruwan majemun Kano, da yadda dokokin ƙasashe suka ɓullo wa irinsa

Jima tsohuwar sana'a ce a Kano, kuma majeman gargajiya na wajen Ƙofar Wambai da toka da bagaruwa suke aikinsu. Lamarin ya sauya ne da aka kafa manyan majemu na zamani a Bompai da Sharaɗa da Challawa. Ruwan dattin da ake saki a Bompai yana bin rafin Getsi ya faɗa Jakara har ya kai dam ɗin Wasai. Na Sharaɗa yana bin Salanta ya sauka kogin Challawa. A bakin waɗannan ruwaye akwai masu lambu da ke shayar da latas da alayyahu da karas, waɗanda ake kai wa kasuwannin birni.

Kafin a zo ga doka, ya kamata a san abin da ke cikin ruwan. Tan ɗaya na ɗanyar fata kan ci ruwa lita dubu 30 zuwa dubu 40. Ana jiƙa ta a cire gishiri, a zuba farar ƙasa da sinadarin salfaid a cire gashi, a tsoma ta a asid, sannan a jeme ta da gishirin kuromiyam. Fata kan sha kashi 60 zuwa 70 cikin ɗari na kuromiyam ɗin, sauran ya bi ruwa. Ƙa'idar aiki ita ce a raba ruwan gida biyu. Na salfaid a busa masa iska har ya ƙone, na kuromiyam a zuba masa magniziyam oksaid har ya kwanta a ƙasa, a kwashe a narkar da shi da asid a sake jima da shi. In aka haɗe su a kwata ɗaya, asid ɗin yana sakin iskar nan mai warin ruɓaɓɓen ƙwai, wadda ke kashe ma'aikaci nan take idan ya shiga rami don ya yashe shi. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada kuromiyam ya wuce miligiram 0.05 a litar ruwan sha.

Dokar muhalli a Najeriya sharar Koko ce ta haife ta. A 1988 aka gano cewa an jibge sama da tan 3,000 na shara mai guba daga Italiya a garin Koko, cikin jihar Bendel ta wancan lokaci. A wannan shekarar, gwamnatin soja ta fitar da doka mai lamba 42 wadda ta tanadi ɗaurin rai da rai ga mai shigo da irin wannan shara, da mai lamba 58 da ta kafa hukumar kare muhalli ta tarayya, FEPA. A 1991 aka fitar da ƙa'idar da ta wajabta wa kowace masana'anta tace ruwanta kafin ta sake shi, a 1992 kuma dokar auna illar aiki ga muhalli kafin a fara shi. Hukumar NESREA, mai tilasta bin ƙa'idojin muhalli, ta gaji aikin a 2007, ta fitar da ƙa'ida ta musamman kan masaƙu da majemu a 2009. Wato a kan takarda ba mu da ƙarancin doka. Inda gizo ke saƙar shi ne: wa ke da ikon kai ƙara, kuma a kan wa nauyin kawo hujja yake?

Sashe na 20 na tsarin mulkin 1999 ya ce gwamnati za ta kare ruwa da iska da ƙasa, amma yana cikin babi na biyu, wanda sashe na 6(6)(c) ya hana kotu tilasta shi. Saboda haka mai lambun da ruwa ya ƙone masa shuka yakan koma ne ga dokar Ingila da muka gada. A can, shari'ar Rylands da Fletcher ta 1868 ta ce wanda ya tara abu mai haɗari a filinsa, in ya kuɓuce ya yi ɓarna, shi zai biya, kuma kotun ƙolin Najeriya ta yi aiki da wannan a shari'ar Umudje da kamfanin Shell-BP a 1975. Sai dai Ingila da kanta ta rage wa ƙa'idar ƙarfi, kuma a kan majema aka yi hakan. Wata majema a Sawston ta daɗe tana zubar da sinadarin cire maiƙo a daɓenta, ya nitse ƙasa ya ɓulla a rijiyar burtsatsen kamfanin ruwan Kambirij, kimanin kilomita 2 daga wurin. A hukuncin da aka yanke a ƙarshen 1993, alƙalai suka ce majemar ba za ta biya ba, domin lokacin da ake zubarwar babu mai iya hango irin wannan ɓarna. A ganinmu wannan ba mafaka ba ce ga kowace majema a Kano yau, tunda illar kuromiyam da salfaid sananniya ce, a rubuce take a ƙa'idojin gwamnati. Wahalar da ta rage ita ce mai lambu ya nuna cewa ruwan wane ne ya kashe masa shuka, alhali masana'antu da yawa kwata ɗaya suke zubawa.

Indiya ce ta fi cancanta mu tsaya a kanta, don ita ma dokar Ingila ta gada, kuma ita ma ta sa kare muhalli a babin da kotu ba ta tilastawa, a gyaran tsarin mulkinta na 1976. Amma kotun ƙolinta ta bi ta sashe na 21, na haƙƙin rayuwa, ta ce ruwa mai tsabta yana cikinsa. A 1987, a ƙarar da lauya M.C. Mehta ya shigar kan majemun Jajmau da ke Kanpur a bakin kogin Ganga, kotu ta ce duk majemar da ba ta kafa matatar matakin farko ba a rufe ta, kuma rashin kuɗi ba uzuri ba ne, kamar yadda ba a barin masana'antar da ta kasa biyan mafi ƙarancin albashi. A 1996, a shari'ar Vellore kan majemun Tamil Nadu da suka lalata kogin Palar, ta ƙara abu biyu: mai gurɓatawa ne zai biya diyya da kuɗin gyaran ƙasa, kuma mai masana'anta ne zai tabbatar da cewa aikinsa ba ya cutarwa. Wannan juya nauyin hujja shi ne abin da mai lambun Challawa ya fi buƙata. A 2010 Indiya ta kafa kotun muhalli ta musamman mai alƙalai da masana kimiyya a kujera ɗaya. Duk da haka ruwan Kanpur bai gyaru yadda ake so ba, domin matatar haɗin gwiwa ta yi wa ruwan da ake turo mata kaɗan, kuma a 2015 bangon tankin laka ya rufta a Ranipet, can Tamil Nadu, ya kashe ma'aikata 10. Hukunci ba ya sayen dizal, ba ya kwashe laka.

Amurka ta bi wata hanya. Dokar ruwa ta 1972 ta haramta zuba komai a rafi ta bututu sai da lasisi mai adadi a rubuce. Masana'anta ce ke auna ruwanta ta miƙa rahoto, rahoton kuma kowa na iya gani. Ɗan ƙasa na iya ba da sanarwar kwana 60 ya kai ƙara, hujjarsa ita ce takardar da kamfanin ya sa wa hannu da kansa, ba sai ya nuna gonar da ta mutu ba.

Akwai kuma tsarin da ya riga duk waɗannan zama a Kano, wato fiƙihun Malikiyya. Hadisin "la darara wa la dirara", wato babu cuta babu cutarwa, yana cikin Muwaɗɗa, kuma malaman mazhaba sun gina hukuncin maƙwabtaka a kansa. Ibn al-Rami, magini ɗan Tunis na ƙarni na 14, ya tattara hukunce-hukuncen hayaƙi da wari da kwata, har da warin majema da ke damun maƙwabta. Sun bambanta tsohuwar cuta da sabuwa: wadda ta zo ta tarar da mutane a wurinsu, kawar da ita ake yi. Kogin Challawa da manomansa sun riga masana'antu zuwa, don haka wannan ƙa'ida tana bayansu, ko da yake ba a cika ɗaukar ta zuwa gaban kamfani ba.

Ƙofa ta ɗan buɗe a gida. Sashe na 24 na yarjejeniyar Afirka kan haƙƙin ɗan Adam, wadda ta zama dokar Najeriya, ya ambaci muhalli. A 2005 babbar kotun tarayya a Benin ta ce ƙona iskar gas ya saɓa wa haƙƙin rayuwa, a shari'ar Gbemre, a 2018 kuma kotun ƙoli ta yarda ƙungiya mai zaman kanta ta kai ƙara kan malalar mai ko da ba ita aka cuta kai tsaye ba. Duk a kan man fetur ne, amma hujjar tana hawa kan ruwan majema.

Ƙungiyar manoma da ke son bin wannan hanya, a wajen samfur take fara faɗuwa. A ɗebi ruwa a wuri uku: bakin bututun masana'anta, sama da shi, da ƙasa da shi. A yi da rana a kuma yi da dare, don sau da yawa da dare ake sakin ruwa. Kwalbar gwajin ƙarfe irin su kuromiyam a ɗiga mata asid na naitirik, sauran a sa su cikin ƙanƙara a kai ɗakin gwaji cikin kwana ɗaya. A rubuta rana da lokaci da wuri a jikin kowace kwalba, duk wanda ta bi ta hannunsa ya sa hannu a takarda, domin lauyan kamfani daga nan zai fara tambaya. A haɗa da samfurin ƙasar lambun da na ganyen da aka shayar.