Na bari, amma har yau ban ga daɗin barin ba

Akwai wata magana da nake yawan ji daga bakin waɗanda suka yi wata biyu ko uku da barin giya ko ƙwaya. Mutum zai zauna a gabana, jiki ya fara murmurewa, idanu sun washe, amma sai ya sunkuyar da kai ya ce: "Wallahi na bari, amma har yau ban ga daɗin barin ba. Hira ba ta yi mini daɗi, barci ya ƙaurace, komai ya zama lami. Anya zan sake zama mutum kuwa?" Wannan tambaya ce ta sa na ɗauki alƙalami, domin a daidai wannan gaɓar muke rasa mutane da yawa, bayan sun riga sun sha wuyar makon farko da rawar jikinsa da guminsa da amansa.

Ɗan'uwana, 'yar'uwata, wannan lamin da kuke ji yana da dalili, kuma yana da iyaka.

A cikin ƙwaƙwalwa akwai wani sinadari, dofamin, wanda ke sa mutum ya ji marmarin abu har ya tashi nemansa. Hira da aboki, kammala aiki, jin dariyar ɗanka, duk suna sakin sa daidai gwargwado. Kayan maye kuwa ambaliyarsa suke kawowa. Idan ambaliyar ta yawaita, sai ƙwaƙwalwa ta kare kanta, ta rage kafofin da ke karɓar saƙon, kamar mai toshe kunne saboda ƙarar ganga. Ranar da ka bar sha, ganga ta yi shiru, amma kunne yana nan a toshe. Shi ya sa ƙananan abubuwan da a da suke faranta maka rai yanzu ba ka jin muryarsu.

Kunnen nan yana buɗewa, an ma gani da ido. A wani bincike da aka wallafa a shekarar 2001, Dokta Nora Volkow da abokan aikinta a Amurka sun ɗauki hoton ƙwaƙwalwar wasu masu ta'ammali da wani kayan maye mai suna metamfetamin a watannin farko bayan sun bari, suka sake ɗauka bayan sun yi shekara guda ko fiye da barin. A hoto na biyu, waɗanda suka riƙe barin, sassan da ke aiki da dofamin sun farfaɗo sosai. Mutanen da aka gwada ba su da yawa, kuma ba komai ne ya koma yadda yake a da ba, gaskiya ɗaya ce. Amma ku lura da tsawon lokacin: watanni ne, har shekara da ɗoriya. Wanda ya yanke wa kansa hukunci a wata na uku, tamkar manomi ne da ya tone iri don ya ga ko ya tsiro.

Saboda haka nakan ce wa wanda ke cikin wannan hali ya samu ɗan littafi ya riƙa rubuta abin da ya dawo. Daren da ya fara yin barci har asuba. Ranar da ya yi dariya ba tare da ya shirya ba. Ranar da ya cika alkawarin da ya ɗauka wa matarsa ko mahaifiyarsa. Sauƙi a hankali yake shigowa, mai shi ne ma na ƙarshen lura da shi, sai ya waiwaya ya karanta abin da ya rubuta wata guda da ya wuce.

Sai maganar da kowa ke tsoro, wato komawa ruwa. Hukumar binciken shaye-shaye ta Amurka ta ƙiyasta cewa tsakanin kashi 40 zuwa 60 cikin ɗari na waɗanda aka yi wa magani sukan sake sha a wani lokaci, kuma adadin bai fi na masu hawan jini ko asma da ciwonsu ke tashi bayan ya lafa ba. Idan jinin mai hawan jini ya sake hawa, ba wanda ke ce masa ɗan iska, likita ake mayar da shi a gyara magani. Wani bincike da Farfesa John Kelly na Jami'ar Harvard ya jagoranta, wanda aka wallafa a 2017, ya gano cewa kimanin manya miliyan 22 a Amurka sun taɓa fama da matsalar giya ko ƙwaya kuma sun rabu da ita. Da aka tambaye su sau nawa suka yi yunƙuri na gaske kafin su dace, rabinsu ba su wuce sau biyu ba, wasu kuwa sun yi ta faɗuwa suna tashi sau da dama kafin Allah ya nufa. Dukkansu a yau suna cikin lissafin waɗanda suka tsira.

Ba ina sauƙaƙa zamewa ba ne, domin tana kisa, kuma ina roƙon a riƙe wannan da kyau. Wanda ya yi makonni bai sha tiramadol ko kodin ko hiroyin ba, jikinsa ya daina jure adadin da ya saba. Idan ya koma ya ɗauki irin na da, numfashinsa na iya tsayawa. Akwai maganin gaggawa mai suna nalokson da ke farfaɗo da numfashin wanda irin waɗannan ƙwayoyi suka fi ƙarfinsa, ya kamata iyali su tambayi ma'aikacin lafiya yadda ake samunsa da yadda ake amfani da shi. In ka zame yau, ka faɗa wa wani yau. Kunyar da ke sa a ɓoye ita ce ke mayar da zamewar dare ɗaya ta zama ta shekara.

Game da kwaɗayin da ke taso wa mutum ba zato, ku sani kamar hadari yake, yakan haɗu, ya yi duhu, sannan ya baje, galibi cikin ƙasa da rabin sa'a idan ba a biye masa ba. Tashi daga wurin, taka da ƙafa, kira wani, kama ibada ko wani aiki na hannu. Ka kuma san lokutan da ya fi samun ka: da yunwa, da fushi, da kaɗaici, da gajiya. Kowane hadarin da ka bari ya wuce, na gaba yakan zo da ƙarancin ƙarfi.

Kada kuma ka ce kai kaɗai za ka iya. A 1935, a birnin Akron na jihar Ohio, wasu mutum biyu da giya ta ɗaiɗaita, Bill Wilson mai harkar hannun jari da wani likitan tiyata, Dokta Bob Smith, suka gano cewa idan suka zauna suka faɗa wa juna gaskiya, sukan iya kai wa dare ba su sha ba. Daga nan Alcoholics Anonymous, ƙungiyar masu taimakon juna wajen barin giya, ta samo asali, kuma yau tana ƙasashe sama da ɗari. Abin da suka dogara da shi ba shi da wuyar fahimta: ba a ɗaukar alkawarin har abada, na yau kawai ake ɗauka, gobe a sake. Ko babu irin wannan taro kusa da kai, nemi mutum ɗaya da ba zai tona maka asiri ba, ba kuma zai yi maka ƙarya ba. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Iyaye da mata da maza da 'yan'uwa, ku ma kuna da rabo a wannan jinya. Na san an ɓata muku rai, an yi muku ƙarya, wataƙila an ɗauki kayanku. Ba a ce ku mayar da amana gaba ɗaya a rana ɗaya ba. Amma gori da tuna baya a duk lokacin da aka samu saɓani suna rushe abin da aka yi watanni ana ginawa. Idan ya yi kwana talatin, ku nuna masa kun ƙirga tare da shi.

Ga wanda bai bari ba tukuna amma yana niyya: idan ka daɗe kana shan giya mai yawa kullum, ko ƙwayoyin barci irin su diyazefam, kada ka yanke lokaci ɗaya kai kaɗai a ɗaki. Farfaɗiya da ruɗewar hankali na iya biyo baya cikin 'yan sa'o'i ko 'yan kwanaki, kuma suna iya kai wa ga rasa rai. Je ka ga likita a tsara maka yadda za ka sauka. Ga masu fama da hiroyin da danginta akwai magunguna kamar metadon da bufrenofin, waɗanda Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa cikin jerin muhimman magunguna tun 2005. Idan ka je, faɗi ainihin abin da kake sha da adadinsa da ranar da ka sha na ƙarshe, ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Da wannan bayanin ne likita zai san ko za a kwantar da kai ne ko za ka riƙa zuwa daga gida.