Kwaikwayon Tsofaffin Na'urorin Wasan Bidiyo a Kwamfuta

Kwaikwayon na'urar wasan bidiyo shi ne a sa kwamfuta ta yi aikin wata na'ura daban, har wasan da aka rubuta domin waccan na'urar ya tashi a kanta ba tare da an sauya masa komai ba. Manhajar da ke yin wannan aiki ana kiranta emuleta. Da ita ake buga wasannin Famicom, wadda Nintendo ya fitar a Japan a 1983 ta shiga Amurka a 1985 da sunan NES, da na Mega Drive ta kamfanin Sega (1988), da Game Boy (1989), da Super Famicom ko SNES (1990), da PlayStation ta Sony (1994), da sauran na'urorin da aka daɗe da daina ƙerawa. Masu harkar kan kira su tsofaffi ko "na da", kodayake iyakar tsufan tana matsawa: PlayStation 2 ta shekarar 2000 da Wii ta 2006 duk sun shiga sahun yanzu.

Yadda emuleta ke aiki

Kowane wasa jerin umarni ne da aka rubuta da harshen wata furosesa takamaimai, wato ƙwaƙwalwar na'ura mai aiwatar da umarni. Furosesar NES ita ce Ricoh 2A03, jikar MOS 6502, tana gudu a kan megahaz 1.79, kuma ma'ajiyar aikinta kilobait 2 ce kacal. Mega Drive tana da Motorola 68000 da Zilog Z80. PlayStation ta farko tana da furosesar MIPS mai gudun kusan megahaz 34. Furosesar Intel ko AMD da ke cikin kwamfutar yau ba ta jin ko ɗaya daga cikin waɗannan harsuna, don haka emuleta ke zama tafinta a tsakani. Wata emuletar tana ɗaukar umarni ɗaya-ɗaya, ta fassara, ta aiwatar, ta ɗauki na gaba. Wata kuma tana fassara tarin umarni a dunƙule ta ajiye, in an sake zuwa kansu ta yi amfani da ajiyayyar fassarar. Hanya ta biyu ta fi sauri nesa ba kusa ba, kuma ita ce ta sa kwaikwayon PlayStation 2 da GameCube ya yiwu a kwamfutar gida.

Fassara umarni shi ne sauƙin aikin. Wahalar tana wajen lokaci. A cikin na'urar asali, furosesa da sashen zana hoto da sashen sauti suna tafiya tare kamar makaɗa a wasa ɗaya, kowa ya san bugun ɗan'uwansa. Masu rubuta wasanni a wancan zamani, da yake kayan aikinsu ƙalilan ne, sun dogara da wannan daidaito ƙwarai: sukan sauya launi ko su motsa bangon hoto daidai lokacin da talabijin ke tsakiyar zana wani layi. In emuleta ta makara ko ta yi gaggawa da ɗan abin da ido ba ya gani, sai hoton ya tsage, ko wasan ya daskare a wani mataki. Ga kuma abin da ke ɓoye cikin kaset ɗin kansa. Kaset na NES da yawa suna ɗauke da ƙarin cip da ke ba na'urar damar karanta wasan da ya fi ƙarfinta girma, irin su MMC1 da MMC3, sannan wasu kaset na SNES suna da cip ɗin Super FX da wasan Star Fox ya fito da shi a 1993. Dole emuleta ta kwaikwayi kowanne daga cikinsu.

Daga nan ne aka samu rabuwar kai tsakanin masu fifita sauri da masu fifita daidaito. Tsofaffin emuletocin SNES irin ZSNES sun yi gudu a kwamfutocin Pentium na ƙarshen shekarun 1990 ta hanyar yanke, suna toshe kurakurai wasa-wasa. Marubucin emuletar bsnes, wanda aka sani da Near, ya fara aikinsa a 2004 da niyyar bin na'urar sau da ƙafa, kuma a 2011 ya yi bayanin cewa cikakken kwaikwayon SNES na buƙatar furosesa mai gudun kusan gigahaz 3. Wato na'urar da ba ta kai megahaz 4 ba tana neman kwamfutar da ta ninka ta sau ɗaruruwa.

Taƙaitaccen tarihi

Harkar ta bunƙasa ne a tsakiyar shekarun 1990, lokacin da intanet ta fara shiga gidaje a Amurka da Turai. Marat Fayzullin ya fitar da iNES, emuletar NES, a 1996, kuma tsarin fayil ɗin da ya ƙirƙiro, mai bait 16 a farkonsa da ke bayyana irin kaset ɗin, shi ake amfani da shi har gobe. Shekarar 1997 ta zo da NESticle da ZSNES, da kuma MAME da ɗan Italiya Nicola Salmoria ya fara a watan Fabrairu domin injinan wasa na jefa kwabo. A Janairun 1999 UltraHLE ta girgiza jama'a da ta tayar da wasannin Nintendo 64 alhali na'urar tana kan ganiyarta a kasuwa. Bayan nan PCSX2 ta zo a 2002, Dolphin a 2003, RetroArch a 2010, sai PPSSPP ta Henrik Rydgård, mai kwaikwayon PSP ta Sony, a 2012. Kusan dukkansu kyauta ne, 'yan sa-kai ne ke rubuta su, kuma yawancinsu kowa na iya duba rubutun manhajar ya gyara.

Kayan da ake buƙata

Abu na farko kwamfuta. Na'urorin zamanin NES da SNES da Mega Drive da Game Boy ba sa neman wani ƙarfi, tsohuwar laftof ta ofis ma tana ɗaukarsu, haka PlayStation ta farko. Daga PlayStation 2 da GameCube zuwa sama ne ake fara neman furosesa mai ƙwari da katin hoto mai kyau. A nan ƙarfin kowane rukunin furosesa shi kaɗai ya fi yawan rukunonin tasiri, domin aikin da dole sai an bi shi a jere ba ya rabuwa cikin sauƙi.

Na biyu wasan kansa. Kwafin abin da ke cikin kaset ana kiransa ROM, kuma ana gane na'urarsa daga ƙarshen sunan fayil ɗin: .nes, .sfc, .md, .gb, .gba, .z64. Ƙanana ne ƙwarai, Super Mario Bros. na 1985 gaba ɗayansa kilobait 40 ne, bai kai hoto ɗaya na waya ba. Kwafin faifai kuwa yakan zo a matsayin .iso, ko tagwayen .bin da .cue, ko .chd wanda aka matse don rage girma. In tagwaye ne, .cue ake buɗewa, shi ke faɗa wa emuleta inda bayanai suka ƙare da inda kiɗa ya fara. Mai kaset na asali yana iya kwafe shi da na'ura irin Retrode, faifan PlayStation kuma mazubin faifai na kwamfuta ma yana karanta shi. Ƙungiyoyin No-Intro da Redump suna ajiye lambobin tantancewa da ake gwada fayil da su a gane ko ingantaccen kwafi ne. Babu wasan waɗannan na'urori da sunansa ke ƙarewa da .exe, duk fayil ɗin da ya zo a haka da sunan ROM abin gudu ne.

Na uku BIOS, ƙaramar manhajar da ke zaune cikin na'urar tana tayar da ita. NES da SNES da Mega Drive da Nintendo 64 ba sa buƙatarsa, Dolphin da PPSSPP ma suna aiki ba tare da shi ba. Amma PlayStation 2 da Sega Saturn da Mega-CD galibi ba sa motsi sai da shi, haka mafi yawan emuletocin PlayStation ta farko, wadda BIOS ɗinta kilobait 512 ne mai suna irin scph5501.bin. Mallakar kamfanin da ya ƙera na'urar ne, shi ya sa emuleta ba ta zuwa da shi. Mafi yawan kukan sababbin shiga na cewa allo ya yi baƙi daga nan yake: ko babu BIOS, ko an saka shi a foldar da ba tasa ba, ko sunansa ya sha bamban da wanda emuletar ke nema.

Girkawa da saiti

Hanya biyu ce. Ko a ɗauki emuleta mai zaman kanta ga kowace na'ura, kamar Mesen ga NES, Snes9x ga SNES, mGBA ga Game Boy Advance, DuckStation ga PlayStation, PCSX2 ga PlayStation 2, Dolphin ga GameCube da Wii. Ko a ɗauki RetroArch, wadda rumfa ce guda da ake shigo da emuletoci daban-daban ƙarƙashinta a matsayin ƙwayoyi, kowace ƙwaya da na'urarta, saitin kuma ɗaya. RetroArch ta fi dacewa da mai son tara na'urori da yawa wuri guda, sai dai jerin saitinta na da ruɗarwa ga baƙo. Wanda na'ura ɗaya ko biyu kawai yake so, hanyar farko ta fi masa sauƙi.

Ko wacce aka zaɓa, daga shafin masu ita ake sauke ta. Sai a ware folda ga wasannin kowace na'ura, a saka BIOS inda ya dace (a RetroArch foldar ita ce mai suna system), a nuna wa emuleta inda wasannin suke ta jera su. Daga nan sai a jona fad, wato abin riƙewa a hannu mai maɓallan wasa. Fad na Xbox yana shiga Windows kai tsaye, na PlayStation da na 8BitDo ma emuletoci da yawa suna gane su da kansu, sauran kuma sai a bi maɓallan ɗaya bayan ɗaya. Akwai ɗan tarko a nan: maɓallan A da B na Nintendo suna zaune a akasin gurbin da suke a fad na Xbox. Ana iya wasa da allon rubutu, amma wasannin faɗa da na ƙwallo ba sa daɗi a haka.

Ajiya iri biyu ce. Akwai wadda wasan ke yi da kansa, wadda a da batirin cikin kaset ko katin ajiya ke riƙewa. Akwai kuma wadda emuleta ke yi, ta ɗauki halin da na'urar ke ciki gaba ɗaya a kowane lokaci. A RetroArch F2 ke ajiyewa, F4 ke dawowa. Ta biyun na iya ƙin buɗuwa bayan an sabunta emuleta, don haka ba a dogara da ita kaɗai a wasa mai tsawo.

Hoto, gudu da jinkiri

An zana waɗannan wasanni ne domin tsohuwar talabijin mai ƙusumbi, mai fasalin 4:3. NES tana fitar da ɗigo 256 a kwance da 240 a tsaye, Mega Drive galibi 320 da 224. In aka baza wannan ya cika faffaɗan allon zamani, sai mutane su yi ƙiba, da'ira ta koma ƙwai. Kuma 240 ba ta shiga 1080 daidai, sau huɗu da rabi ce, don haka wasu layuka kan fi wasu kauri. Maganinsa a zaɓi ninki cikakke, sau huɗu, a haƙura da ɗan baƙi sama da ƙasa. Tsohuwar talabijin kuma tana narkar da ɗigogin da ke maƙwabtaka, masu zane kuwa sun yi amfani da hakan: ruwan da ke zubowa a Sonic the Hedgehog layuka ne a tsaye, talabijin ce ke haɗe su har a ga kamar ana hango abin da ke bayan ruwan. A allon zamani layukan ne ke fitowa tsirara, sai an ɗora matatar hoto mai kwaikwayon tsohuwar talabijin. Wasannin PlayStation zuwa sama kuwa akasin haka ake musu, a ɗaga yawan ɗigon ninki uku ko huɗu su fi na asali tsabta.

Gudun wasa ma ya danganta da yanki. Talabijin na Amurka da Japan yana sabunta hoto sau 60 a daƙiƙa, na Turai da yawancin Afirka sau 50. Wasannin da aka kai yankin 50 ba tare da gyara ba suna tafiya da jinkirin kusan kashi 17 cikin ɗari, har kiɗansu. Najeriya na cikin wannan yanki, inda kwafin Famicom da aka ƙera a Asiya ya yi kasuwa da kaset masu iƙirarin ɗauke da wasanni ɗaruruwa. Wanda ya saba da wancan gudun na iya jin kwafin Amurka ya yi masa sauri, ba laifin kwamfuta ba ne.

Sai jinkiri tsakanin danna maɓalli da motsin da ke allo. Kowane hoto yana ɗaukar kusan milidaƙiƙa 17, kuma fad marar waya da allon zamani da tsarin kwamfuta kowanne yana ƙara nasa. Fad mai waya da saitin wasa na talabijin suna rage shi. A 2018 RetroArch ta ƙara wata dabara: emuleta ta lissafa hoto ɗaya ko biyu na gaba a ɓoye ta nuna shi tun kafin lokacinsa, abin da ke cin ƙarfin furosesa amma yana sa wasan ya amsa da wuri.

Matsayin doka

Shari'o'in da ake kafa hujja da su a Amurka aka yi su. A 1992 kotun ɗaukaka ƙara ta ba kamfanin wasanni Accolade gaskiya a kan Sega game da warware manhaja don gane yadda take aiki. A 1999 kamfanin Connectix ya fitar da Virtual Game Station mai buga wasannin PlayStation a Macintosh, Sony ya kai ƙara, kotu ta yanke a 2000 cewa kwafar BIOS a yayin bincike don gina manhaja mai zaman kanta halal ne. Kamfanin bleem!, mai wata emuletar PlayStation, shi ma bai faɗi a gaban Sony ba, amma kuɗin shari'a ya durƙusar da shi a 2001. Rarraba ROM kuwa hukuncinsa daban: tsufan wasa ba ya cire masa haƙƙin mallaka, kuma a 2018 masu shafin LoveROMs sun amince da hukuncin biyan Nintendo sama da dala miliyan 12. A Maris 2024 masu Yuzu, emuletar Switch, sun rufe aikinsu tare da amincewa da biyan dala miliyan 2.4, bayan Nintendo ya zarge su da karya makullin da ke kare wasanninsa.

Kamfanonin da kansu suna amfani da kwaikwayo wajen sake sayar da tsofaffin wasanninsu. Nintendo ya buɗe Virtual Console, shagonsa na tsofaffin wasanni a intanet, a 2006, ƙaramar PlayStation Classic ta 2018 kuma emuletar 'yan sa-kai ce a cikinta, PCSX ReARMed. Abin da suke sake fitarwa dai kaɗan ne: binciken da Video Game History Foundation ta wallafa a 2023 ya gano cewa kashi 87 cikin ɗari na wasannin da aka fitar a Amurka kafin 2010 ba a samunsu a kasuwa.