Mun sasanta, yaya za a yi da ƙarar da ke kotu?

Na kai maigidana ƙara wurin 'yan sanda, magana ta je kotu, yanzu kuma mun yi sulhu. Shi ke nan ƙarar ta mutu?

Ba ta mutu ba. Tun ranar da 'yan sanda suka miƙa takarda kotu maganar ta fita daga hannunki. Gwamnati ce mai ƙara, ke shaida ce. Na gaji da maimaita wannan.

To in muka daina zuwa kotun fa?

Kada ku soma. Wanda ke kan beli ya ƙi zuwa, sammacin kamu zai biyo shi, a kuma nemo wanda ya tsaya masa.

Wa ke da ikon kashe ƙarar?

Ya danganta da ƙasa da nauyin laifin. Ƙananan laifuffuka, dokoki da yawa sun yarda a sasanta su da sanin alƙali. A Najeriya sashe na 174 da na 211 na tsarin mulkin 1999 sun bai wa Antoni Janar na tarayya da na jiha ikon dakatar da shari'ar laifi kafin a yanke hukunci. A Indiya sashe na 498A na tsohuwar dokar laifuffukan ƙasar, wanda aka kafa a 1983 kan muzguna wa mata a gidan miji, bai kasance cikin laifuffukan da ake sasantawa ba. Sai a 2003, a shari'ar B.S. Joshi, Kotun Ƙoli ta ce Babbar Kotu na iya soke irin wannan ƙara idan ma'auratan sun daidaita. A 2012 kuma Kotun Ƙolin ta ja layi: kisa da fyaɗe da makamantansu sulhu ba ya wanke su. A Ingila masu gabatar da ƙara kan ci gaba ko da matar ta janye, in akwai wasu hujjoji.

Mun rabu lafiya. Ya ce in fara janyewa, sannan ya biya ni haƙƙina. In yarda?

Nan ne wurin da nake ja da baya. Kowa tsoron ɗan'uwansa yake ji, kuma kowa da gaskiyarsa. Ke kina gudun a kashe ƙara ya murje ido. Shi kuma yana gudun ya biya ki sauya magana a gaban alƙali. Abin da ya fi yawan yin aiki shi ne a rubuta komai: nawa ne, yaushe za a biya, riƙon yara da ciyar da su, da kowace ƙara da ke tsakaninku, har waɗanda aka sa sunan uwar miji ko ƙannensa. Sai a raba biyan, wani kaso ranar sa hannu, ragowar ranar da za ku tsaya gaban alƙali. Amma ko wannan ba tabbas ba ne, domin takardarku ba ta ɗaure kotu. Alƙali na iya ƙi, musamman in akwai rahoton likita mai nuna rauni babba. Don haka a rubuta abin da zai faru da kuɗin in ya ƙi. Ki kuma tambayi lauyanki, naki na kanki ba nasa ba, ko sallamarsa za a yi ko wanke shi. Wanda aka sallama kawai, a wurare da yawa ana iya dawo da shi kan laifin nan. Wanda aka wanke, galibi an gama.

In ce ƙarya na yi tun farko, ba ya fi sauƙi ba?

Haba baiwar Allah! Ki fitar da shi ki saka kanki? Ba da bayanin ƙarya ga hukuma laifi ne mai zaman kansa. Ki ce kun sasanta, ba kya son ci gaba. Iyakarta ke nan.

Dole sai na je da kaina?

Galibi e. Alƙali zai so ya gan ki ya tambaye ki ko an tilasta miki. Kwantar da hankalinki, ba ya daɗewa. In kuwa matsa miki aka yi, a nan za ki faɗa.

Ni ne mijin. Ta yafe, me ya rage mini?

Ka karɓi kwafin umarnin kotu mai hatimi, ka adana. In fasfonka ko takardun mai tsaya maka suna hannun kotu, sai da shi za ka karɓo su.